Amsoshin Tambayoyinku: Wane ne Sylvestre Amoussou?

Wani mai sauraronmu daga Malanville, bakin iyakar Benin da Nijar, yana tambaya ko akwai ɗan ƙasarsu da ya yi fice wajen rubuta labarin fim da Faransanci.

To malam, akwai Sylvestre Amoussou, haifaffen Benin a 1964. A Faransa ya fara da fitowa a wasan kwaikwayo, kafin ya koma rubuta labari da ba da umarni. Fim ɗinsa Africa Paradis na 2006 ya juya zancen ƙaura: Turawa ne ke neman mafaka a Afirka. A 2017 kuma, wani fim ɗinsa, L'Orage africain, ya zo na biyu a bikin fina-finai na FESPACO a Wagadugu.