Amsoshin Tambayoyinku: Masu Kwana a Babura, Su Wuni a Nijar

Wani mai sauraronmu daga Babura yana tambaya: tunda Nijar ta fice daga ECOWAS, yaya masu zuwa neman abinci can suke yi?

To Malam, hanyar da ta bi ta Babban Mutum zuwa Magariya a Nijar ba ta mutu ba. Magina, 'yan acaba, dillalan dabbobi da masu awon hatsi sukan yi sammako bayan asuba, wasu su dawo kafin isha'i, wasu sai ranar kasuwa ta watse. Agogo ɗaya ne, harshe ɗaya, sau da yawa ma dangi ɗaya. Wahalar tana wajen shingayen jami'ai da canjin kuɗi: an biya ka da sefa, cefane kuwa da naira.

Sun ji jiki ƙwarai lokacin da aka rufe iyaka a Agustan 2019, da kuma bayan juyin mulkin Nijar na Yulin 2023 har zuwa Maris 2024. Magidanta da yawa sun zauna ba aikin yi.

Da ficewar ta tabbata ranar 29 ga Janairun 2025, ECOWAS ta ce a ci gaba da zirga-zirga ba biza. Duk da haka, Malam, kada ka tsallaka ba takardar shaida a aljihunka.