Darasin Girki: Firogi, Abincin Mutanen Polan da Yukren

Darasinmu na wannan wata a kan wani abinci ne mai auki da sauƙin kuɗi, wanda 'yan'uwanmu mazauna Ingila da Jamus suke yawan gani a shagunan 'yan Polan. Kwaɓin fulawa ne da ake naɗe wani abu a ciki, a liƙe bakinsa, a dafa a ruwa kamar ɗanwake. 'Yan Polan suna rubuta sunansa pierogi, 'yan Yukren kuma suna ce masa varenyky, daga kalmarsu ta dafawa a ruwa.

Tun 2004 da Polan ta shiga Tarayyar Turai shagunan mutanenta suka yawaita a Ingila, daga 2022 kuma yaƙi ya koro 'yan Yukren da yawa zuwa ƙasashen Turai. Yanzu maƙwabtanmu ne, 'ya'yanmu da nasu aji ɗaya suke. Yaro zai gani ya yi kwaɗayi, kuma nan ne inda ake buƙatar lura. Mai nama sau da yawa da alade ake yin sa, mai dankalin ma akan zuba masa soyayyen kitsen alade a kai. Duk ledar da aka ga an rubuta wieprzowina, smalec ko boczek, a ajiye ta. Abincin kansa ba shi da laifi. Akwai Musulmi 'yan ƙabilar Tatar a gabashin Polan, a ƙauyukan Kruszyniany da Bohoniki, inda Sarki Jan Sobieski ya ba kakanninsu ƙasa a 1679, kuma suna yin irinsa da naman rago ko na sa. Idan muka yi da hannunmu, mun san abin da ke ciki.

Kwaɓi

A sami fulawa gram 500, gishiri ƙaramin cokali ɗaya, man gyaɗa babban cokali uku, da ruwan zafi kofi ɗaya, wato mililita 250. Ruwan ya yi zafi sosai, don shi ke sa kwaɓin laushi. A juya da cokali, in ya ɗan huce a murza da hannu kamar minti takwas har ya yi santsi ya daina kama hannu. A rufe shi da kwano ya huta rabin awa. Wanda ya yi gaggawa a nan zai ga kwaɓin yana tsukewa duk lokacin da ya shimfiɗa shi.

Abin ciki

Wanda ya fi shahara shi ne na dankali da farin cuku. A dafa dankalin Turawa gram 500, a tsane shi, a murƙushe. A soya albasa biyu a man shanu har ta yi ja, a zuba rabi a dankalin, a ajiye rabi. A ƙara cuku gram 250 da gishiri da masoro. Cukunsu, twaróg, yana da ɗan tsami. Inda babu shi, a ɗora kindirmo a ƙaramar wuta har ya tsinke, a tace a tsumma mai tsabta. Waɗanda ke Nima ko Kumasi za su iya murmushe wagashi su haɗa da cokali biyu na nono. Sai haɗin ya huce gaba ɗaya kafin a fara naɗi, don mai zafi yana jiƙa kwaɓi ya ɓula shi.

Naɗi da dahuwa

A raba kwaɓin uku, a bar sauran a rufe. A barbaɗa fulawa kaɗan, a murza shi da kwalba ya yi faɗi, kaurinsa kamar na kwabo. A yanka da bakin kofin shayi. A sa ƙaramin cokali ɗaya a tsakiya, a ninke ya zama rabin wata, a matse bakin da yatsu daga wannan gefe zuwa wancan, sannan a sake bi. Kada dankali ko mai ya taɓa bakin, in ya taɓa ba zai liƙe ba, zai buɗe a tukunya.

A tafasa ruwa mai yawa da gishiri, a zuba kamar goma sha biyu a lokaci ɗaya, a juya a hankali kada su kama gindin tukunya. Idan sun taso sama, a ba su minti biyu zuwa uku, a kwashe da cokali mai huji. A zuba musu ragowar soyayyar albasa da manta. 'Yan Yukren suna ci da kirim mai tsami, mu kuwa kindirmo ko yajinmu ya wadatar. Wanda ya kwana, a soya shi da safe a ɗan mai.

Wannan awo yana ba da kamar guda hamsin, ya ishi gida mai mutum shida. Mai son ajiya ya jera ɗanyu a faranti ba tare da sun taɓa juna ba, ya sa a firiza su daskare, sannan ya juye a leda. Ranar dafawa kada a jira su narke, a zuba su a tafasasshen ruwa kai tsaye.

Aikin yana son hannu da yawa. A can ma iyali ne ke zama a tebur, wani na murzawa, wani na liƙewa, don haka a kira yara da jikoki. In an sauke, a ɗiba wa maƙwabci faranti guda. Allah Ya sa albarka a abincinmu.