Ga 'Yata Mai Son Shiga Fim

'Yata, an ce kin dawo Gumel ranki a ɓace, wai a Kano maƙwabciya mai kawo gulma aka ba ki, ba jaruma ba. Zauna ki sha ruwa tukuna. Sannu ba ta hana zuwa.

Kin san Saratu Giɗaɗo, wato Daso. Ta fara da Linzami da Wuta na kamfanin Sarauniya a 2000. Ba ita ake rera wa waƙa a lambu ba. Ita ce muguwar kishiya, ita ce uwar miji mai harara. Ta turo ɗauri gaba, ta riƙe ƙugu, ta ja tsaki, gida ya kama da wuta. Daga Maigatari har Sule Tankarkar mata kan yi mata Allah wadai a gaban talabijin, gobe kuma su aiki yaro aron wani kaset ɗinta. 'Yan matan da suka yi tashe a zamaninta, da yawa sun yi aure sun bar harkar, wasu ko sunansu an manta. Ita kuwa ana damawa da ita har ranar 9 ga Afrilu, 2024, da ta rasu a ƙarshen azumi. Allah ya jiƙanta.

Jaruma lokacinta ƙidayayye ne, darakta kullum sabuwar fuska yake nema. Amma wane labari ne zai tafi babu uwa, babu gwaggo, babu maƙwabciya?

Sai dai ba zan rufe ki ba. A 2022 Ladin Cima, wadda ta tsufa a cikin wasan kwaikwayo, ta gaya wa BBC Hausa cewa dubu biyu zuwa biyar akan sallame ta da shi. Wasu masu shirya fim sun musa, aka yi ta cacar baki. Ko ma yaya ne, gani ga wane ya ishi wane tsoron Allah. Harkar nan ba ta da fansho, ranar da ciwo ya kwantar da mutum wata za a kira.

Saboda haka kafin a kunna kyamara, ki ji kuɗinki daga bakin furodusa, a gaban shaida. Na san ki da kunya, amma mai gidan haya ba ya karɓar kunya a ƙarshen wata. Keken ɗinkinki kuma kada ki sayar.

In Babanki ya amince, ki koma ki karɓi maƙwabciyar nan. Ki saurari yadda masu gulmar unguwarku ke sassauta murya in sun zo kan sunan mutum, ki tafi musu da irinta.