Ranar da ƙasa ta girgiza a Hayiti

Yara, ku duba taswirar duniya. Can ƙetaren tekun Atalantika, kusa da Kuba, akwai wata ƙasa sunanta Hayiti. Mutanenta baƙaƙe ne kamarmu, jikokin bayin da aka kwasa daga Afirka. Suna jin faransanci, kuma suna da nasu harshe, kireyol.

Ranar talata 12 ga watan janairu 2010, wajen ƙarfe 5 na yamma, ƙasa ta girgiza kusa da Port-au-Prince, babban birninsu. Girgizar ba ta kai minti ɗaya ba. Amma gidaje da makarantu da asibitoci, har da fadar shugaban ƙasa, suka rushe. Mutane fiye da 100 000 suka rasu.

Me ya kawo haka? Kun taɓa ganin ƙwaryar da ta fashe aka ɗinke ta? To, haka ɓawon duniya yake: manyan ɓangarori ne a haɗe, kuma suna motsi sannu-sannu. Hayiti tana kan ɗinkin biyu daga cikinsu, masu gogar juna wajen santimita 2 a shekara. Wani lokaci sai su sarƙe shekara da shekaru. Ran da suka kuɓuce gaba ɗaya, ƙasa ta girgiza ke nan.

Ga abin lura. A watan fabrairu na wannan shekara, girgizar da ta fi ta ƙarfi nesa ta auka wa ƙasar Cili, amma waɗanda suka rasu ba su kai 600 ba. A can, doka ta tilasta a yi gini mai ƙwari. A Hayiti kuwa, talauci ya sa ana cika yashi a rage siminti, a rage ƙarfe, sannan a ɗora rufi mai nauyi. Rufin nan ne ya danne mutane.

Wahalar ba ta tsaya nan ba. Mutane wajen miliyan ɗaya da rabi suka koma zama cikin tantuna. A watan oktoba, kwalara ta ɓulla daga ruwan kogin Artibonite, ta kashe kusan mutum 10 000 cikin shekarun da suka biyo.

Tambayoyi
1. Me ya sa aka fi yin hasara a Hayiti bisa ga Cili?
2. Yaya ake cewa «girgizar ƙasa» da faransanci?
3. Ku tambayi maginin garinku: me ke sa bango ya yi ƙwari?