Filin Shawara: An Shafa Wa Katangata Jan Fenti

Inna, mijina ya rasu ya bar ni da yara da gidan da muke ciki. Maƙwabcinmu ya kai ƙara hukumar tsara birane cewa katangarmu ta ci hanya. Muka wayi gari an shafa mata jan fenti, wai mu rushe ko su rushe. Ko kirana ba a yi ba. Barci ya ƙaurace mini.
Uwar marayu

'Yata, share hawayenki. Jan fenti ba hukunci ba ne. Na san abin da ya fi cin ranki: an saurari maƙwabci, ke kuwa an mai da ke kamar ba kya nan. Da wuya a samu gidan da bai taɓa ɗanɗana wannan baƙin ciki ba.

Sashe na 36 na kundin tsarin mulkin Najeriya na 1999 ya ba kowa haƙƙin a ji ta bakinsa kafin a yanke abin da ya shafi haƙƙinsa, kuma kotuna sun sha soke matakin hukumar da ta tsallake wannan. Ko wajen ƙwace fili domin amfanin jama'a, Dokar Amfani da Filaye ta 1978 ta wajabta sanarwa a rubuce, tare da diyyar ginin da ke kai. Malamai da dama ma sun ce darasin ƙissar Annabi Dawud a Suratu Sad ke nan: kada alƙali ya yanke kafin ya ji ɓangare na biyu.

Amma ban ga kin ambaci takarda ko ɗaya ba! Ina takardar ciniki? Ina ta awon fili? Ko suna ƙasan adaka, gara na sha'aninta?

Nemo su yau. Ɗauki hoton katangar da fentin. Rubuta wa hukumar ki nemi kwafin ƙorafin, da ranar da za a saurare ki, da sabon awo a gabanki. A buga miki hatimi a kwafinki. Kada ki goge fentin. Kada ki tura samari su tari ma'aikata, kada ki danƙa wa kowa "na goro". In suka yi shiru, nemi lauya ya roƙi Babbar Kotun Jiha ta dakatar da rusau. In babu kuɗi, gwada Legal Aid Council ko Hukumar Karɓar Koke-koken Jama'a. Yi sauri, domin katafila ba ta jiran mai jan ƙafa.

Sai dai ki shirya zuciyarki. Sauraro ba alkawarin nasara ba ne. In awo ya nuna marigayi ya ci hanya, ja da katangarki da hannunki, ki tsira da bulonki da mutuncinki.

Ku kuma magidanta, masu ɓoye takardun gida kamar laya, ku nuna wa matanku inda suke tun kuna da rai. Mai unguwar da ya shaidi cinikin shi ma ba zai dawwama ba.