Gwanjon Kayan Mai Bashi: Darasi ga Muridi

Bismillahir Rahmanir Rahim.

Idan alƙali ya sa a sayar da gona ko dabbobin wanda bashi ya yi wa katutu, mutanen Dantchiao da Magarya kan ce asirinsa ya tonu. A fiƙihu, sunan wannan babi taflisi. Cikin Muwaɗɗa, Sayyidina Umar ya shelanta raba dukiyar Usaifi'u, mutumin Juhaina, tsakanin masu binsa. Malaman Malikiyya sun ce a bar masa abincin iyali da tufafi.

Muridi ya sani, wuridi ba ya goge haƙƙin bayi. Ko shahidi ba a yafe masa bashi. Gara a biya da akuya yau da a biya da lada ranar Alƙiyama.

Allah ya sauke wa bayinSa nauyi, amin.