Rut Mutuniyar Mowab

Karatu: Littafin Rut, sura 1 da 2.

Yunwa ce ta kori Elimelek da iyalinsa daga Baitalami zuwa Mowab, hayin Tekun Gishiri. Bayan wajen shekara 10 Na'omi ta komo, ba miji, ba 'ya'ya, sai Rut matar ɗanta. Na'omi ta iso gida, Rut kuwa ta shiga baƙunci.

Mu lura, har a gonar Bo'aza mutuniyar Mowab ake ce da ita. Shari'ar Musa ta hana Mowabawa shiga taron Ubangiji, amma ita ce kuma ta umarta a bar wa baƙo kala. Da kalar sha'ir ɗin nan Rut ta ciyar da surukarta. Mu tambayi juna, wanne cikin dokokin biyu Bo'aza ya riƙe, don me kuma?